Ragon Suna a Gidan Turare

Shekarun baya, a shekarar da Chaina take ta shirin wasannin Olamfik, Allah ya ba ni 'ya mace a Guangzhou. Ita ce haihuwarmu ta fari, bayan shekara tara da aure. Wanda ya taɓa irin wannan jira ya san yadda kan mutum yake kumbura ranar da abin ya zo. To ni nawa kan ba ƙaramin kumbura ya yi ba.

Lokacin ina da ɗan ofis a wani dogon ginin 'yan kasuwa da ake kira Tianxiu, ina saro wa 'yan kasuwar Kwari ta Kano kaya ina lodawa. Gidan haya kuwa can wajen unguwar Sanyuanli muka kama, a wani lungu mai matsi wanda mota ba ta shiga. Ranar da aka sallamo mai jego daga asibiti na kira mahaifiyata a Kano. Bayan ta gama guɗarta da addu'o'inta sai ta ce, "To ɗan nan, ka bar mana yankan a nan gida. Ku dai ku yi addu'a a can, mu ma yanka."

Na ce, "Haba Hajiya! Yarinya tana Chaina, rago yana Kano? Ai a nan zan yi suna cikakke, da rago mai ƙaho, kowa ya gani."

Ta ce, "A garin mutane?"

Na ce, "Garin mutanen nan na san shi kamar tafin hannuna."

Sai ta ce, "To, Allah ya kai mu." Duk wanda ya san iyayenmu mata ya san irin wannan "to" ɗin. Ni a ranar ban ji komai a cikinta ba, don na riga na gayyato rabin Tianxiu: Kanawa, 'yan Nijar, 'yan Gana, har da wanda gaisuwa kawai ke haɗa mu a lifta.

Samun rago a garin nan ba wasa ba ne. Duk inda na je sai a ce "meyo", wato babu, sai a nuna mini wasu baƙaƙen awaki. Na ce ni ba za a raɗa wa 'yata suna da bunsuru ba. A ƙarshe wani mahauci Musulmi, ɗan arewacin ƙasar, ya samo mini fari tas, mai ƙaho a murɗe. Ya ce in bar shi a wurinsa, ranar suna da safe in zo a yanka. Na ƙi. Na ce a kawo mini shi gida ana gobe suna, ya kwana a saman benenmu, mutane su zo su gan shi da idonsu. Gaskiyar magana, so nake a ce wane ya yi abin da ba a taɓa yi ba.

Ana gobe suna, da rana tsaka, motar da ta ɗauko ragon ta tsaya a bakin lungu. Ina tare da abokina, wani ɗan zangon Kumasi mai harkar lodin kwantena. Ya girme ni, ya fi ni karatun addini, kuma yana jin Sinanci sosai. Hausarsa dai irin tasu ce, mace da namiji duk "ya" ne, kullum ina tsokanarsa a kan haka. Zafin garin a ranar ba a magana, ga ragon ya sha tafiya a rufe. Na ɗaure shi da irin igiyar roba da muke ɗaure kwali, mai santsi. Muna sauke shi ya yi wata girgiza ɗaya, sai ga igiya a hannuna, rago kuwa ya arce.

A tsakiyar lungun namu akwai wani ƙaramin ɗakin bauta na mabiya addinin Buddha. Mu Gidan Turare muke ce masa, don kullum hayaƙin turare ke tashi daga ciki. Shekara biyu ina wucewa ta ƙofarsa ban taɓa leƙawa ba. A tsakar gidan akwai ɗan kududdufi na siminti da kifaye da kunkuru a ciki. Ragon nan ya ji ƙamshin ruwa. Ya tsallake dokin ƙofarsu, wani katako mai tsayi har kusan gwiwa, ya nufi kududdufin ya dulmiya baki.

Abokina ya bi shi zai kamo. Ni kuma tausayin dabbar ya kama ni, na san ƙishirwa ce. Na hau kan dokin ƙofar nan na tsaya, da takalmina, ina ɗaga murya: "Ƙyale shi ya sha! Bar shi ya sha mana! Sha, sha!"

Akwai wata tsohuwa mai kula da wurin, 'yar ƙarama, da furfura da riga ruwan toka. Tana shara ne. Tana jin haka ta yar da tsintsiya, ta ruga ta shiga tsakanin abokina da ragon, ta buɗe hannuwa. Ta juyo ta dube ni da wani irin kallo wanda har yau ban manta ba. Kafin ka ce kwabo wasu tsofaffi sun fito daga ciki, an kewaye rago, an tura abokina waje da ladabi, an turo ƙyaure ɗaya.

Na ce, "Me ya faru? Me na yi musu?"

Abokina ya dafe kai ya ce, "Alhaji, ka kashe mu. Ka san me 'sha' yake nufi a yarensu? Kisa! Ka hau bisa dokin ƙofarsu, abin da su ba su takawa, kana ihu 'kashe, kashe'. Tsofuwa nan ya ɗauka a gabansa za ka yanka."

Ya koma ya yi mata bayani ta kafar ƙofa. Ta saurara, ta amsa, ya dawo ya faɗa mini. Wai a al'adarsu, dabbar da ta shigo wurin da ƙafarta, mafaka ta nema, ba a miƙa ta ga wuƙa. Kuma ita ba ta da ikon yanke hukunci, sai shugaban kwamitinsu ya zo.

Nan fa raina ya ɓaci. Gobe suna, na tara mutane, ragona da na sha wahala kafin in samu yana can yana cin kabeji a hannun wasu. Na zaro waya na ce 'yan sanda zan kira. Abokina ya riƙe mini hannu. A lokacin, saboda wasannin da ke tafe, ana ta binciken takardun baƙi, ko'ina ka juya fasfo ake tambaya. Baƙar fata in ya hango ɗan sanda, canza hanya yake yi. Ya ce, "Kowa yana gudunsu, kai kana kiransu?"

Na ce, "Takarduna garau suke, rago nawa ne, ga rasit. Yanzu za ka ga aiki. Ɗan sanda zai shiga ya ja shi ya fito, in sun yi gardama ya kulle wurin." Haka na faɗa, da bakina. Don a saninmu, in mai gaskiya ya zo da ɗan sanda, ai magana ta ƙare.

Wanda ya zo ɗan sandan unguwarmu ne, magidanci mai ɗan tumbi, a kan keke. Na san shi, shi yake yi mana rajistar zama. Ya fara da abin da ya saba, ya duba fasfo ɗina da na abokina, ya mayar mana. Ya karɓi rasit ya karanta. Ya leƙa ta ƙofa ya ga rago. Sannan, ta bakin abokina, ya tambaye ni, "An ce ka yi ihu a kashe shi."

Na yi dariya, na ji daɗin tambayar. Na bayyana masa cewa a yarenmu "sha" shan ruwa ne, har da kwatance da hannu. Shi ma ya yi dariya, ya faɗa wa tsohuwar. Na ga fuskarta ta ɗan saki. Sai ya juyo ya ce, "Wato ba kashe shi za ka yi ba?"

Jama'a, ban taɓa jin tambayar da ta ɗaure ni irin wannan ba. Ƙarya ɗaya tak, da an miƙo mini ragona. Amma ragon sunan 'yata ne, ba zan karɓo shi da ƙarya ba. Na ce, "Yau dai a'a. Gobe da safe."

Abokina ya fassara. Tsohuwar ta ƙara jan ragon baya.

Ɗan sandan ya ce, "A ina za ka yanka?" Na nuna saman benenmu. Ya dube ni, ya dubi benen, ya ce ba a yanka dabba a gidajen zama, in ma na samu ragon, wurin mahauci zan mayar. Abokina ya raɗa mini, "Ka gani? Ka kai ƙarar kanka."

Na daure na ce to na ji, amma yanzu ya shiga ya fito mini da dukiyata. Sai ya girgiza kai. Abin da ya faɗa, kamar yadda abokina ya juya mini shi, ga shi: "Rago naka ne, ba na musu. Amma ba sace shi aka yi ba, da ƙafarsa ya shiga. Wurin nan yana da rajista, yana da kwamitin da ke tafiyar da shi. Da gobara ce, ko faɗa, ko ɓarawo ya ɓuya, da na shiga ba tare da na nemi izini ba. Wannan kuwa saɓani ne tsakanin maƙwabta. Doka ba ta ba ni ikon in kutsa in ja dabba daga hannun tsohuwa ba, balle in kulle musu wuri. Zan iya sasanta ku. In sun ƙi, kotu tana nan."

Na ce, "Kotu? Gobe ne sunan fa!"

Ya ɗaga kafaɗa. Sannan ya yi abin da ya ba ni mamaki. Ya cire hularsa, ya tsaya daga wajen dokin ƙofa, ya nemi tsohuwar ta matso. Ya yi mata magana a hankali amma ba wasa a fuskarsa. Abokina ya ce cewa yake yi, su ma ba su da ikon riƙe kayan wani, al'adarsu ba ta soke rasit ɗina ba, don haka a kira kwamiti yau ɗin nan, kafin rana ta faɗi a ba ni amsa. Ya juyo wurina ya ce in dawo ƙarfe huɗu, kuma in na zo in tsallake katakon, kada in taka.

Ni a lokacin ban ga hikimar komai ba, haushi kawai nake ji. Na hau sama na tarar da mai jego tana shayar da jaririya. Ta ce, "Ina ragon?" Na ce ya shiga ibada. Da na ba ta labari, dariya ta yi har ɗinkinta ya motsa, ta koma tana "wayyo Allah". Ta ce, "Da ma Hajiya ta faɗa maka." Na ce in dai wannan ce gudummawarta, ta riƙe abarta.

Ƙarfe huɗu muka koma. Wannan karon na ɗaga ƙafa na tsallake kamar yadda aka ce. Sun san mu Musulmi ne, sai suka kai mu wani ɗaki na gefe wanda babu gumaka a ciki, sai tebur da kujeru. Tsofaffi biyar, shugabansu wani dattijo siriri mai gilashi. Ɗan sandan bai shigo ba, yana waje a jingine da kekensa. Aka zuba mana shayi a wasu 'yan mitsi-mitsin kofuna. Na zo da shirin rigima, na haddace duk abin da zan faɗa.

Dattijon bai ba ni dama ba. Ya ce sun tattauna, har murya ta ɗan tashi a tsakaninsu, don biyu daga cikinsu sun so a hana. Amma dokar addininsu da ta hana kisa, ita ce kuma ta hana ɗaukar abin da ba a ba ka ba. Ba za su kiyaye ɗaya su karya ɗaya ba. Rago nawa ne, in tafi da abina. Roƙo kawai suke yi, in zan yarda su saya. Na ce ragon suna ba na sayarwa ba ne. Ya gyaɗa kai, ya sallame mu.

Na fito ina jin kaina a sama. Na ci nasara, ba kotu, ba lauya. Tsohuwar ta jawo ragon har bakin ƙofa. Sun wanke shi, sun sa masa igiya ta gaske, ta auduga. Ta damƙa mini ita a hannu. Ba ta yi kuka ba, ba ta harare ni ba. Ta tambayi abokina, mace aka haifa ko namiji? Ya ce mace, bayan shekara tara. Ta yi murmushi ta haɗa hannuwanta biyu. Sai ta yi mini alama in ɗan dakata. Ta koma ciki ta fito da kwano cike da ruwa, ta durƙusa ta ajiye a gaban ragon, ta shafa wuyansa, ta ce da shi da muryarta ta tsufa, "Sha. Sha."

Da Hausa ta faɗa. Kalmar da a bakinta take nufin kisa, ta karɓe ta da ma'anarmu, don ragon ya tafi ba ƙishirwa.

Wallahi sai na tsaya cak. Ina tsaye da igiya a hannu, ƙafa ɗaya a ciki ɗaya a waje, na kasa ja. Ba wanda ya hana ni. Ɗan sanda yana kallon wani wajen, kwamiti ya sallame ni, doka tana bayana. Na dubi abokina na ce, "Malam, in na bar musu shi, ban yi wa gumaka hadaya ba?" Ya ce tambaya ce mai kyau, a tambaye su. Dattijon, da ya biyo mu har ƙofa, ya ce su ba sa zubar da jini, kuma ba sa miƙa dabba ga kowa. Akwai wata gona a bayan gari inda suke kai irin waɗannan, su ci su sha har kwanansu ya ƙare. Abokina ya ce, "To wannan jinƙai ne ga mai rai, akwai lada a ciki. Amma yankan suna yana nan a wuyanka. Ina za ka samu wani rago kafin gobe?"

Amsar guda ɗaya ce, kuma na san ta, kunya ce kawai ta hana ni. Na ciro waya. A Kano lokacin hantsi ne. Na gaida mahaifiyata, na yi ta kewaye-kewaye, ina tambayar lafiyar kowa har da maƙwabta. Ta ce, "Ɗan nan, faɗi abin da ya kawo ka." Na kwashe labari na gaya mata. Ta yi dariya har tana tari. Sannan ta ce, "Tun ranar da ka ce ka san garin mutane kamar tafin hannunka na aiki ƙaninka kasuwa. Ga rago can a ɗaure a gindin darbejiya, kwana huɗu yana cin dusa. Wancan kuwa ka bar shi, dabbar da ta tsere wa wuƙa kwananta ne bai ƙare ba."

Na ce, "Hajiya, ki yafe ni."

Ta ce, "Ni na haife ka, ai na san kayana."

Na mayar wa tsohuwar da igiya. Ta riƙe ta da hannu biyu tana ta "shiye-shiye", wato godiya. Ɗan sandan ya rubuta wani abu a ɗan littafinsa, ya sa ni da dattijon muka sa hannu cewa magana ta mutu, ya mayar da hularsa ya hau keke.

Washegari aka yi suna, amma ba da sassafe ba, don sai da muka jira gari ya waye a Kano. Wajen ƙarfe biyu na rana muka taru, falo da matattakala duk a cike. Na buɗe muryar waya kowa yana ji. Daga can unguwarmu ta Kano aka yi bismilla aka yanka, liman ya raɗa suna, muka shafa fatiha a nan. Mu a nan naman shanu muka ci daga wurin mahaucin nan. Tsokana kuwa na sha ta. Wata guda cur in na shiga Tianxiu sai wani ya leƙo daga shago ya ce, "Alhaji, yaya mai ibada?" Wani ɗan Nijar har cewa ya yi a tarihin duniya ni ne mutum na farko da ragonsa ya nemi mafakar siyasa.

Abin da ya zauna mini a rai dai ɗan sandan nan ne. Na kira shi ne don ya yi mini amfani da ƙarfi, ina da yaƙinin gaskiya tana hannuna. Da ya biye mini, da na samu ragona cikin minti biyar, na kuma samu maƙiya a lungun da 'yata za ta koyi tafiya. Shi ya san inda ikonsa ya tsaya, ya tsaya a nan, ya kuma tuna wa kowannenmu inda nasa ya tsaya. Bayan na dawo gida an taɓa samun saɓani a kwamitin masallacin unguwarmu a kan wanda zai riƙe makulli, wani ya miƙe ya ce a kira 'yan sanda su raba gardama. Na ce, "An daki wani? An saci wani abu? To ku zauna, wannan tamu ce." Suka zauna, kuma aka gama lafiya.

Da yarinya ta cika wata guda, aka ƙwanƙwasa mana ƙofa. Tsohuwar ce, ta hawo bene hawa biyar da kwandon dafaffen ƙwai da aka rina ja, wai haka suke yi wa jariri. Ta tsaya daga waje, ba ta shigo ba sai da mai jego ta kamo hannunta. A cikin kwandon akwai hoto: ragona a gona, ya yi ƙiba, yana kallon mai ɗauka kamar shi ya sayi wurin. A bayan hoton an rubuta sunan da suka sa masa da haruffan boko, manya guda uku: SHA.

Bayan shekaru abokina ya bugo mini daga can, ya ce tsohuwar ta aiko a gaya mini ragon ya mutu, haƙoransa duk sun zube. Hoton yana nan a falona. 'Yata ta zama budurwa yanzu, in baƙi suka tambaya ita take ba da labarin, tana ƙara gishiri a wurin da na hau dokin ƙofa. Ina ƙyale ta, ai tana da abin alfahari. Duk danginmu ita kaɗai ce ragon sunanta ya mutu da tsufa.